Teku Ba Tafkin Chadi Ba Ne

Zuwa ga Bilyana, sanyin idona, inuwar da nake fakewa in rana ta take, ruwan farkon damina a kan busasshiyar zuciyata, ɗan Baga mai hannu duk baƙin mai,

Ina gaishe ka, ina fatan kana lafiya, ko da yake ni ka hana ni ita. Tun ranar da ka zaunar da ni a bencin garejinku na Gyaɗi-Gyaɗi ka kunna mini tsohon hoton bidiyon nan a waya, abinci bai ƙara yi mini daɗi ba. Ka ce Yahudawa ne bayan yaƙin duniya na biyu, waɗanda suka tsira daga kisan da aka yi wa danginsu a Turai, suna cusa kansu cikin tsofaffin jiragen ruwa a ɓoye, ba takarda ba izini. Ka ce kai ma irinsu ne, an ƙone garinku, an kashe naku, don haka za ka bi ta Agadas ka hau teku zuwa Turai. Har da murmushinka, wai tunda ka iya inji kuma ka tashi a kwalekwale, kai za a ba wa tuƙin jirgin.

Haba Bilya! Tafkin Chadi da kake zura gora ka taɓo ƙasa, shi za ka haɗa da ruwan da ba a hango gaɓarsa? Kuma na yi tambaya, an ce mai riƙe da inji shi ake fara kamawa in an isa.

Hoton nan na kalle shi har ƙarshe, abin da kai ba ka yi ba, sarkin gaggawa. Da yawansu sojojin Ingila sun tare su a ruwa, aka kai su tsibirin Kubrus aka zuba su bayan waya mai ƙaya. Wallahi na yi musu kuka. Amma da jirgin zai tashi, ban ga mai ɗaga musu hannu a bakin ruwa ba, an gama da nasu. Kai fa? Ni da nake neman muryarka kamar yadda shuka ke neman raɓa, ni ba kowa ba ce?

Na san abin da ke korar ka, masoyina. Ranar da Baba ya ce ka turo magabatanka, na ga yadda fuskarka ta faɗi. Wa za ka turo, duk suna kwance a Baga? Ka gwammace ruwa ya ci ka da ka buɗe baki ka ce ba ka da kowa.

To ka ji. Jiya na ajiye kunya, na ja mayafi na tafi wurin maigidanka, Malam Zakariyya, na zayyane masa komai. Ransa ya ɓaci ƙwarai. Ya ce duk shekarun da ka yi kana kwanciya a ƙarƙashin kekunan a-daidaita-sahu na mutane a garejinsa, in kai ba ɗansa ba ne, to ɗan wa ne? Ya ce shi ne waliyyinka. Har ya aika gidanmu a Tarauni, Baba ya ce su zo ran Asabar bayan la'asar. Na kuma san motarku ta zuwa Agadas Asabar ɗin za ta tashi da safe.

Ba zan zo tasha in yi maka kuka ba. Zaure zan share, in shimfiɗa wa baƙi tabarma. In ka tafi, ba zan kula kowa ba, zan jira ka har furfura, amma zan daɗe ban yafe maka ba. Don Allah, hasken raina, kar ka bar dattijon nan ya durƙusa yana nema wa wanda ke tsakiyar sahara aure. Ba a neman komai daga gare ka, ko zauren ba sai ka shigo ba. In sun fito da albishir, su same ka a gareji.

Taka ce ni, a tudu ko a ruwa, har ranar da numfashi zai ƙare,
Safara'u