Waƙar Yayana da Inna Ta Haramta Min

Assalamu alaikum jama'ar gidan nan. Admin a sakaya sunana, 'yan garinmu suna da yawa a nan. Don Allah ku ba ni shawara, abin nan ya daɗe yana cina, yanzu kuma lokaci ya ƙure min.

Ni 'yar Tiga ce, babanmu ma'aikacin ruwa ne, a kwatas ɗin bakin dam muka tashi. Yanzu na haura hamsin, har da jikoki. Mu biyu Inna ta haifa, ni da yayana, kuma ya ba ni shekaru da yawa. Yaya ya samu sikolashif ya tafi Italiya, gida ana ta jiran injiniya ko likita, sai ga shi ya dawo wajen ƙarshen shekarun tamanin wai tarihin kiɗa ya karanto. Kawu, ƙanin babanmu, ya ce yau ga ikon Allah, an je har ƙasar Turawa an koyo roƙo.

Bincikensa a kan wasan kwaikwayon nan ne da ake rera shi tun daga farko har ƙarshe, opera suke ce masa, da mutanen da suka fara tsara shi kusan shekara ɗari huɗu baya. Akwai wani a cikinsu da duniya ta manta da shi, aikinsa duk ya ɓace. Yaya ya tarar da waƙarsa guda ɗaya a wani tsohon ɗakin littattafai, ƙwari sun cinye rabi, ya kwafo abin da ya rage ya ce shi zai cike gurbin. Da safe yana koyarwa a wata sakandare a Bebeji, bayan la'asar ya zauna da takardunsa da wani molo da ya sayo a Kwanar Dangora, wai su ma mutanen can da babban molo mai dogon wuya suke raka mai waƙa. Waƙar ta mace ce, matarsa ta ce ita kam kunya take ji, sai ya kama ni, lokacin ina 'yan mata. Shi yana kaɗa sauti huɗu masu gangarowa ƙasa, ya koma sama ya sake gangarowa, ni kuma in ɗora murya a kai. In na kauce ya ce kai Auta, muryar nan kamar ana jan buhu a ƙasa, sake. Haka na haddace ta kamar aku. Ya faɗa min ma'anarta, wata uwa ce a bakin teku tana kiran ɗanta da jirgin ruwa ya tafi da shi, ni kuma da surutuna na je na ba Inna labari.

Wata damina Yaya ya hau kwale-kwale zai je ta'aziyya ƙetaren dam, iska ta taso, ya kife da su. Inna ta tsaya a bakin ruwa tana kiran sunansa har masunta suka fito da gawarsa. Wallahi ina tsaye a bayanta ina jin sautin nan huɗu a kaina.

Bayan sadakar bakwai Kawu ya buɗe akwatinsa, ya ga takardu cike da layuka biyar-biyar da baƙaƙen ɗige-ɗige masu wutsiya. Nan take ya ce hatimi ne, tsafin Turawa, shi ya kira yaron cikin ruwa. Na ce Kawu kiɗa ne aka rubuta, ya ce a gidan uban wa ake rubuta kiɗa, in rufe masa baki. Aka kawo wani malami, ya juya takardar sama da ƙasa ya ce bai taɓa ganin irinta ba, a mayar wa ruwa abinsa. Aka ɗaure su da dutse aka jefa a dam, molon kuma aka fasa. Ba da mugunta suka yi ba, tsoro ne, amma aikin Yaya kaf ya tafi, sai abin da ke kaina.

Wata rana ina wanke-wanke waƙar ta kuɓuce min. Inna ta saki ƙwaryar da ke hannunta, ta ce in na ƙara rera waƙar da ta cinye mata ɗa, ko tana raye ko tana ƙasa, ba ta yafe min nononta ba. Har Allah ya karɓi abarsa ba ta janye ba, ni ma ban ƙara ba. Amma ita waƙar ba ta bar ni ba. Ina jin ta a injin markaɗe, a janareto, har a sallah, astagfirullah, sai in rasa raka'a nawa na yi.

Yaya ya bar 'ya ɗaya, zan kira ta Ummi, tana rarrafe ya rasu, uwarta ta tafi da ita Tudun Wada. Yanzu ita ma uwa ce. Da ta ji labarin ta zo min da waya, wai Gwaggo ki rera sau ɗaya in ɗauka, ba ni da komai na babana. Na ƙi. Ta ce na danne mata gado, na ce yarinya ba ki san bakin uwa ba, ta tafi tana kuka. Maigidana ya ce waƙar Turawa ba ta kai a sayi fushin mahaifiya ba. Ga shi kuma ina fama da maƙoƙo, an sa min ranar tiyata, likita ya ce muryata ba lallai ta dawo yadda take ba.

Abin da ya sa na rubuto, Ummi ta dawo ba ni haƙuri. Muna zaune a tsakar gida jaririnta ya fara rigima, ta ɗora shi a kafaɗa tana jijjigawa, sai na ji tana rera masa sautin nan huɗu ƙasa-ƙasa, suna gangarowa, ta koma sama ta sake. Na ce wa ya koya miki wannan, ta ce ba ta sani ba, tun tana ƙarama yake zuwar mata. Ashe zaman da take yi a cinyar babanta yana kaɗa molo bai tafi a banza ba. Ta ci gaba, wurin da ya kamata in shiga ya zo, bakina ya buɗe da kansa, na toshe shi da mayafi. Ta sake zagayowa, gurbina ya sake wucewa babu kowa.

Jama'a, malamai da iyayen da ke nan, ku faɗa min tsakani da Allah. Furucin da uwa ta yi cikin zafin rashin ɗa yana nan a kaina har abada, ko akwai yadda ake warware shi? In rera in haɗu da Inna da wannan a wuyana, ko in shiga tiyata da bakina a rufe, yarinyar nan ta ƙare rayuwarta tana rera rabin waƙar babanta ba mai amsa mata?