Rasuwar Malam Birki-Tukuna da Hukuncinmu a Kan Wanda Ya Ɗora Injin

Cikin alhinin da ya hana mu ɗaga sifana, da ɓacin ran da ba mu da niyyar ɓoye wa kowa, Haɗaɗɗiyar Ƙungiyar Kanikawa Masu Ƙara wa Ƙananan Motoci Ƙarfi, a ƙarƙashin Mai Girma Shugaba da Mataimakinsa da Dattawan Kwamitin Amintattu da Sarkin Walda da Sarkin Waya da sauran masu muƙaman da in na tsaya jero su takardar za ta cika, tana sanar da jama'a cewa ta samu mummunan labarin rasuwar Uban Ƙungiya, Babban Malamin Kanikawa, dattijon arziki, wanda yara da manya suka fi sani da Malam Birki-Tukuna. Daga Allah muke, gare Shi za mu koma. Marigayin ya rasu ne da safe a ƙofar garejinsa da ke gindin gangare, yana durƙushe yana canza wa wata baiwar Allah taya, lokacin da wata tsohuwar guntuwar mota mai yankakken baya, wadda aka cusa wa injin da ya fi ƙarfinta, ta gangaro a guje, direbanta ya taka birki har ƙasa, birkin ya ce bai san zancen ba.

Kafin in ci gaba, akwai maganar da ake ta yi ƙasa-ƙasa a wajen masu sayar da kayan mota, gara in ɗaga ta sama da kaina. Wanda ya ɗora wa motar nan injin shi ne makanikin da ake kira Totur, mai gareji a saman gangaren, kuma Totur ɗana ne na cikina, babban ɗana. Saboda haka wasu suke cewa kakakin ƙungiya zai shafa wa sanarwar nan mai, ya ce ƙaddara ce, ya yi addu'a ya naɗe tabarma. Magatakardarmu, wanda shi ya saba rubuta mana irin wannan takarda da manyan kalmomi, ya ce wannan karon ba zai iya ba. To ni zan iya. Karatuna dai ya tsaya ne a inda malaminmu ya gaji da ni, duk wanda ya ga kuskuren rubutu ya gyara a ransa, amma abin da zan faɗa babu kuskure a ciki.

Marigayi Uban Ƙungiya ya shafe rayuwarsa ne a ƙarƙashin irin motocin nan da masu hali suke yi wa kallon gwangwani, waɗanda ƙofarsu ɗaya ke buɗewa ta waje, ɗaya ta ciki, sauran kuma sai da addu'a. Shi ne ya koya mana cewa tsohuwar ƙaramar mota ba ta mutu ba, shaƙewa ta yi. Zai wanke mata kafireta, ya gyara mata numfashi, ya canza fistin da ringi, ya sa fulogi masu kyau, ya faɗaɗa salansa daidai gwargwado ba don a tayar da unguwa ba, sai ka ga motar da jiya take hawan tudu kamar mai ciwon gwiwa yau tana wucewa tana waiwayen manyan motoci. Malaman makaranta da ma'aikatan asibiti da masu kai yara makaranta da yawa ba su taɓa sanin tsohuwar mota suke ja ba, saboda hannunsa. Almajiran da ya yaye a wannan sana'a sun cika kowane gareji da ke kan titin nan, har da waɗanda yanzu suke da furfura, har da ni, duk da dai ni ya yaye ni ne don ya huta.

Sunan da ya bi shi har kabari kuwa ya samo shi ne daga halinsa. Duk wanda ya zo masa da zancen a ƙara wa injin ƙarfi, ko a cire na asali a ɗora babba, amsarsa ɗaya ce: birki tukuna. Sai an canza birki ya yi daidai da sabon ƙarfin, an zuba sabon man birki, an duba tayoyi da ƙafafun motar, sannan zai buɗe bonet. Samari sun yi fushi da shi a kan haka, sun ce tsoho ne ba ya son ci-gaba, wasu har waƙa suka yi masa, shi kuwa ya riƙa taya su amshi yana ɗaure noti.

Shi ne kuma ya kafa mana dokar gwaji, wadda kowane ɗan ƙungiya ya rantse a kanta ranar da aka karɓe shi. Motar da aka ƙara wa ƙarfi ba za ta bar gareji ba sai wanda ya yi aikin ya tuƙa ta da kansa, da nauyi a kujerar baya, da wani ɗan gidansu a ciki, ya gangaro gangaren nan a guje, ya tsaya cak a gindin turken lantarki. Hikimarsa ita ce makaniki zai iya yi wa mai mota ƙarya, amma ba zai saka jininsa a cikin ƙaryar ba. A nan ne ni ma na samu abin yi a wannan sana'a. Da marigayi ya lura cewa injin da na kwance ba ya komawa yadda yake sai an samu ragowar noti a ƙasa, kuma ya ga Allah ya hore mini jiki, sai ya naɗa ni nauyin kujerar baya. Daga nan aka sa mini Baba Buhu. Babu motar da ta fita daga hannunsa ban buga goshi a bayan kujerarta ba, kuma ina alfahari da kowane ƙulu.

Da ɗana Totur ya gama koyo a hannun marigayi ya buɗe nasa garejin, sai ya samu sauƙi biyu a mutum ɗaya: ga nauyi, ga ɗan gida. Duk motar da ya gama, ni yake kira. Ko ina cin abinci sai ya aiko in zo in zauna a baya. Ina ƙorafi a baki, amma a raina daɗi nake ji, don ba kowane uba ne ɗansa ke buƙata a wurin aiki ba.

Yanzu ga abin da kwamitin bincike na ƙungiya ya tabbatar, kuma ni shaida ne. Mai wannan mota ya fara kai ta wurin marigayi ne, yana son a ɗora mata injin babbar mota, a yanke salansa ta riƙa ruri. Marigayi ya duba birkinta na asali, wanda ya tsufa tare da ita, ya faɗa masa abin da yake faɗa wa kowa. Mutumin ya ce shi birki ba ya ƙara, kuma ba wanda ke juyowa ya kalli mota saboda birkinta, ya ja abarsa ya hau gangare wurin Totur. Totur ya karɓa. Ya ɗora injin, ya yanke salansa, bai taɓa birki ba. Ranar da ya gama aikin ina zaune a kan bencin garejinsa, na ma fara kwance agogo ina shirin shiga baya kamar kullum, sai ya zo ya dafa kafaɗata ya ce in tafi gida in huta, wai ya lura bayana na ciwo, har ya tsayar mini da abin hawa ya buɗe mini ƙofa. Na koma gida ina ba mahaifiyarsa labari cewa yaron nan ya fara hankali, ya fara tausayin tsufana. Ku dube ni da wayona.

Ba mantuwa ya yi ba. Ya san abin da ya haɗa, shi ya sa ya cire ubansa daga ciki. Ya ajiye nasa uban a gida lafiya lau, ya miƙa makulli, ya saki motar a titi ta je ta ɗauke uban wasu, kuma wanda ta ɗauke shi ne mutumin da ya koya masa riƙe sifana. Wanda ke neman in kira wannan tsautsayi, ya je ya nemi wani kakakin.

Tun ranar da abin ya faru ake ta yi mana sallama. 'Yan uwan mai motar, wanda shi ne yake tuƙa ta ranar, yanzu yake kwance a asibiti da karyayyar ƙafa, sun zo da manyan riguna suna cewa a bar wa Allah. Muna sanar da su cewa mun bar wa Allah ran marigayi, don dama nasa ne, amma maganar birki tamu ce, a nan duniya za a yi ta. Sun kuma aiko wani da dabara yana tambaya ko za a iya sauke injin daga motar kafin hukuma ta gama dubawa, wai don kada ruwan sama ya ɓata shi. Injin nan zai zauna a inda aka ɗora shi har alƙali ya gan shi da idonsa, in ya yi tsatsa ya yi. Mai motar kuwa muna yi masa fatan samun sauƙi da gaske, don muna son ya miƙe da ƙafafunsa ya tsaya a gaban shari'a, kuma daga yau duk motar da ya saya, ko iska ce ta fita daga tayarta, ya hura da bakinsa.

Game da Totur, babban taron ƙungiya ya zauna, ya kuma yanke hukunci ba tare da hannu ko ɗaya ya tashi a kan akasin haka ba. An kore shi daga ƙungiya, an sauke allon ƙungiya daga ƙofar garejinsa. Babu ɗan ƙungiyar da zai ara masa jak ko sifana, babu mai walda da zai kunna masa wuta, babu mai waya da zai haɗa masa ko fitila, masu faci da masu sayar da kayan mota su ma sun ba mu hannu a kan haka. Duk wanda aka gani ya taimaka masa a ɓoye, ya haɗa kayansa ya bi shi. Kuma muna kira ga duk wanda Totur ya taɓa wa injin a 'yan watannin nan da ya kawo motarsa kowane garejin ƙungiya a duba birkinta, kada ya tuƙo ta, ya sa a jawo ta. Bayanin da hukuma ta nema mun bayar, ni na fara shiga ofishin, na faɗi maganar benci da ciwon baya ba tare da na rage komai ba, har jami'in ya ɗago ya sake tambayata ko na san wa nake ba da shaida a kansa. Na ce masa ni na raɗa wa yaron suna.

A gidana yanzu mahaifiyar Totur ba ta yi mini magana, abincin ma da take turo mini babu gishiri, ƙannensa kuma suna wuce ni a tsakar gida kamar tsohon injin da aka jingine. Ban ga laifinta ba, uwa ce. Amma ita ba ta je wankan gawar ba, ni na je. Tunda kuma Totur ya daina ɗaga wayata, to ya karanta a nan: jiya na shiga garejinka na ɗauko akwatin sifanun da marigayi ya ba ka ranar da ya yaye ka, na goge su ɗaya bayan ɗaya, na kai wa iyalinsa. Ba naka ba ne yanzu. In an tsare ka zan kawo maka abinci da sabulu, don ba a sauke ɗa daga jikin uba yadda ake sauke injin, amma ba zan taka ƙofar kowa in roƙar maka sassauci ba, kuma wanda ya je roƙo da sunana ƙarya yake yi.

Zuwa ga mai ɗakin marigayi, uwarmu baki ɗaya, wadda ta yi shekaru tana wanke kayan da baƙin mai ya rina ba ta taɓa cewa ya canza sana'a ba, da 'ya'yansa maza da mata, da jikokinsa, da ƙannensa, da dukkan almajiransa: ƙungiya tana miƙa muku ta'aziyyarta da zuciya ɗaya. Allah Ya jiƙansa, Ya gafarta masa, Ya haskaka kabarinsa, Ya sa duk ran da birkinsa ya tsare a kan titi ya zame masa nauyi a mizani. Allah Ya ba ku haƙurin da ya fi namu, don namu kaɗan ne kuma kun gani. Garejinsa zai ci gaba da buɗewa a hannun manyan almajiransa a ƙarƙashin kulawarku, kuma duk ranar da za a zauna a kotu za ku same mu a can da kayan aikinmu a jiki, mun cika benci.

A ƙarshe, Dattawan Kwamitin Amintattu, saboda kara irin tasu, sun ba ni zaɓin in koma gefe Mataimakin Shugaba ya sa hannu a wannan takarda, don kada a ce an sa uba ya yanka ɗansa a bainar jama'a. Na gode musu, Allah Ya saka da alheri. Amma in wani ya sa hannu, gobe yaron nan zai ce ƙungiya ce ta yi masa, babansa bai yarda ba, ya samu inda zai raɓe. Ba zan bar masa wannan inuwar ba.

Sa hannu:
Baba Buhu
Kakakin Haɗaɗɗiyar Ƙungiyar Kanikawa Masu Ƙara wa Ƙananan Motoci Ƙarfi,
almajirin marigayi, kuma mahaifin wanda ya ɗora injin.