Ranar da Babanki Ya Tsayar da Mota

Zuwa ga ɗiyata, 'Yar Baba,

Assalamu alaikum. Bayan gaisuwa mai yawa, ina fata takardar nan za ta same ki cikin ƙoshin lafiya da kwanciyar rai, ke da ƙawayen ɗakinki da duk mai kyautata miki a can. Allah Ya buɗa miki ƙwaƙwalwa, Ya sa jarrabawar da ke gabanki ta zo da sauƙi. Mu nan muna lafiya, sai abin da ba a rasa ba. Mamanki tana nan kan keken ɗinkinta, ta ɗan yi ƙiba, amma kada ki ce a bakina kika ji. Auta ta shiga sabon aji, kuma ajina aka kai ta. Ta gano cewa a makaranta babu gwaggo sai malama, shi ya sa kwana biyu take ta kumbura mini fuska. Kakarki ƙafa ce kawai ke damunta, baki kuwa yana nan garau.

Tun ranar da kika kira ni kina kuka raina bai kwanta ba. Mamanki ta faɗa miki kalmar da likita ta kira ciwon babanki da ita, kika je kika bincika, kika ci karo da abubuwan da suka tsorata ki, har kina cewa za ki ajiye jarrabawa ki taho. A waya na kasa yi miki bayani yadda nake so. Kin san ni, in babu alli ko biro a hannuna sai in ji kamar an ɗaure mini harshe. To, ga shi na zauna a teburin ɗakin malamai, na ture takardun yara gefe, zan gaya miki komai yadda yake.

Kalmar dai, in an rubuta ta yadda bakinmu ke furta ta, ita ce sistofati. Daga tsohon harshen Girka likitoci suka haɗa ta, gaɓa biyu. Ta farko tana nufin jaka, wato mafitsara, ta biyu kuma tana nufin ciwo. Ciwon mafitsara ke nan, ba ƙari. Babbar riga ce, ba ta faɗin wane irin ciwo ne ko me ya kawo shi, don haka ba safai likita ke barinta ita kaɗai ba, yakan haɗa ta da sanadin. A wajen babanki sanadin shi ne ciwon sukarin da ya daɗe yana fama da shi, kuma da shi likitar ta haɗa ta, sai dai mamanki rabi ta riƙe. Kada ki rikita ta da sistaitis, wadda ita kumburin mafitsara ce, galibi saboda ƙwayoyin cuta. Kuma ki saki ranki, an ɗauki hoton cikinsa, ba a ga ƙari ba, ba a ga ciwon daji ba.

Yadda nake koya wa 'yan ajina, mafitsara jaka ce ta tsoka. In ta cika, jijiyoyi su kai saƙo ƙwaƙwalwa, mutum ya ji matsuwa, ya je ya rage. Sukari in ya daɗe da yawa a jini yakan lalata waɗannan jijiyoyi a hankali, sai saƙon ya daina zuwa. Jaka ta cika mutum bai sani ba, ta ƙara cika, ta miƙe. Na sayi balan-balan na kai gida na nuna wa babanki: na hura shi na sace iskar, na sake hurawa, har ya saki ya daina komawa yadda yake. Na ce masa haka tsokar ke yi, ranar da aka so ta matse sai ta kasa fitar da komai duka, a bar saura a ciki. Ya daɗe yana jujjuya balan-balan ɗin a hannu, sannan ya ce ashe abin da ake yaba masa a kai shekara da shekaru shi ne ciwon.

Nan ne abin ke ci mini rai, 'yata. Kin san a tashar manyan motoci ba mai kiransa sai da Kai-tsaye. Tun yana saurayi ya ɗaura wa kansa cewa motarsa ba ta tsayawa sai tsayawa ɗaya ta rabin hanya, a yi salla a ci abinci. A can ma shi ba ya zagayawa. Alwalar da ya fito da ita daga gida ita ke kai shi yamma, kuma da bakinsa yake faɗa yana murmushi. 'Yan kasuwa masu sauri suna jiran motarsa ko da wata ta riga ta cika. A gida kawunki mai shago yakan ce Yaya tanki biyu gare shi kamar motarsa, mu kwashe da dariya, kakarki ta ce ai ɗanta tun yana goye ba ya jiƙa zani. Da farko dauriya ce, yana hana kansa ruwa yana cijewa. Daga baya ya fara cewa shi yanzu ko ji ba ya yi, muka ɗauka sabo ne, muka ƙara masa kirari. Da wani cikinmu ya tsaya ya ce wannan rashin jin ba lafiya ba ne, da an tare abin da wuri. Duk mun san yana da sukari, amma ido da ƙafa kawai muke tambayarsa.

Watan jiya zazzaɓi ya kwantar da shi, da ciwon ƙugu da rawar sanyi. A asibiti aka ce ya je ya yi fitsari, ya dawo ya ce ya gama. Da aka ɗora masa na'urar hoto a mara, sai ga mafitsara da sauran fitsari mai yawa. Likitar, wata mata mai natsuwa da ba ta gaggawar magana, ta ce wannan kwantaccen fitsarin ne ƙwayoyin cuta suka samu wurin zama a ciki, kuma in aka bar shi haka ƙoda ce za ta biya. An ba shi magani, zazzaɓin ya sauka. Amma ta ce jijiyar da ta lalace da wuya ta dawo, abin da za a iya shi ne a hana ta ƙara lalacewa, a kuma kare ƙodar. Daga yanzu agogo ne zai riƙa gaya masa abin da jikinsa ya daina gaya masa: duk bayan 'yan awoyi ya je ya zagaya, ko ya ji ko bai ji ba, ya ɗan jira ya sake gwadawa, ya sha ruwa yadda ya kamata, ya riƙe sukarinsa da kyau. In hakan bai wadatar ba, akwai siririyar roba da za a koya masa sa wa kansa. Da ya ji zancen roba ya sunkuyar da kai, ya tambaye ta ko zai iya komawa doguwar hanya. Ta ce zai iya, muddin zai riƙa tsayawa.

Kin san hanyar nan ita ce rayuwarsa. Da ita ya rene ku, kuma ban taɓa ganin fuskarsa ta sake kamar lokacin da yake goge madubin motar da safe ba. Ya je wajen manajan kamfaninsu. Mutumin bai wulaƙanta shi ba, amma ya ce jadawalin wannan layi a kan tuƙin Kai-tsaye aka tsara shi, fasinjojin ma don saurin suke zuwa. Ya ce babanki ya yi tafiya ɗaya da tsaye-tsayensa a gani. Mamanki ta ce ita ta san mijinta, yana hawa titi zai manta da likita. Da yake ranar babu makaranta, na yanki tikiti na zauna a kujerar bayansa, ya dube ni ta madubi ya ce wato an haɗo shi da sufeto.

Mun yi nisa, lokaci ya yi, na taɓa kafaɗarsa. Ya yi kamar bai ji ba. Muka wuce gidan mai na farko. Na ga wuyansa ya sandare, hannunsa ya ƙanƙame sitiyari. Na matsa kusa na ce masa a hankali 'Yar Baba tana so ya ga ranar da za ta gama karatu. Da muka hango gidan mai na gaba sai na ji ƙarar sigina. Kwandastansa Dogo, wanda suka tsufa tare a motar nan, ya zaro ido yana tambaya ko taya ce. Wani ɗan kasuwa daga baya ya ɗaga murya ya ce yau kuma Kai-tsaye ya zama Kai-tsaya, aka yi dariya, wani ya duba agogo ya yi tsaki. Babanki ya buɗe ƙofa ya sauka bai kalli kowa ba.

Da ya waiwayo sai ya ga rabin motar ta biyo shi. Wani dattijo mai sanda yana sauri har yana tuntuɓe, wata mai juna biyu tana riƙe da mara, uwa tana jan yara biyu. Da aka dawo, wata tsohuwa ta tsaya a bakin ƙofa ta riƙe hannun rigarsa, ta ce Allah Ya yi maka albarka, ɗana. Ta ce shekaru tana bin motarsa zuwa ganin jikokinta, kuma duk ranar da za ta hau, tun jajibiri take daina shan ruwa, ta isa da ciwon kai. Ta ce ta taɓa roƙonsa ya tsaya, ya ce mata saura kaɗan, saura kaɗan ɗin nan kuwa ta sha wuyarsa. Tana faɗa tana dariya, ba da zafi ba. Shi bai yi dariya ba. Daga nan har muka isa bai ƙara buƙatar in taɓa shi ba, da kansa yake tsayawa, har yana tambaya ko akwai wanda bai dawo ba.

Mun isa a makare, karo na farko a tarihin motarsa. Masu sauri suka kai ƙara, manaja ya ce layin ba zai ɗauki haka ba. Ya ba shi zaɓi, ko ya koma yadda yake, ko ya karɓi ƙaramar motar da ke zagaya cikin gari. Bayan kwana biyu babanki ya wanke babbar motar da hannunsa, ya cire ɗan matashin da mamanki ta ɗinka masa na jingina baya, ya miƙa makulli. Yanzu yana cikin gari, tsayawa ba iyaka, abokansa suna tsokanarsa wai ya koma tuƙin akwatin ashana. Yana dawowa gida da wuri, yana cin abinci a kan lokaci, sukarin ya fara sauka, kuma har yanzu ba a kai ga roba ba. Sai dai in babbar mota ta wuce ta bakin titi yakan bi ta da ido har ta ɓace. Na so a ce ya bar hanyar nan da ƙarfinsa, a lokacin da ya zaɓa.

Don haka ki zauna ki yi jarrabawarki, babu abin da zuwanki yanzu zai ƙara. Ki dai riƙa kiransa, muryarki tana yi masa abin da balan-balan ɗina bai yi ba. Jiya da na ce masa zan rubuto miki, ya ba ni saƙo, ya ce shi ba zai iya faɗa a waya ba. Ya ce ko kin tuna kina ƙarama, ranar da ya ɗauke ki a motar kina sanye da jar riga, kika ce masa kin matsu, ya ce 'yar direba ba ta cewa a tsaya. Kika daure har kika kasa, kika ɓoye fuska a cinyar mamanki har aka isa. Ya ce tun ranar tsohuwar nan abin yake dawo masa. Ya ce ki yafe masa. Ya kuma ce in za ki taho hutu, ki sha ruwanki, in kin matsu ki gaya wa direba da babbar murya, kada ki ji kunyar kowa.

Mamanki tana gaishe ki, ta ce ki turo awon kafaɗarki. Kakarki ta ce ko kin manta da ita ne. Kawunki mai shago yana gaisuwa, ya daina zancen tanki. Auta ta ce a gaya miki ta gaji gadonki da fitilarki. Dogo ma ya ce a gaida 'yar maigida. Ki gaishe mini da matar da kike haya a gidanta, da ƙawarki mai gilashi da ta karɓi wayar ranar da kuka ya hana ki magana. Allah Ya tsare ki, Ya dawo mana da ke lafiya.

Taki har kullum,
Gwaggonki malama