Gurasar da Orotha Ta Mayar Mana

Cikin alhini mai nauyi, tare da miƙa wuya ga Ubangiji wanda ya ba da rai kuma ya karɓi abinsa, Zumuntar Iyaye Mata ta Majami'ar Gicciye da ke Pallikari ta samu labarin rasuwar uwarmu, yayarmu, jagorarmu a wurin addu'a, Dattijuwa Orotha Ittoop ta gidan Thekkekalam, wadda ta huta a tsakiyar babban azumin nan bayan gajeriyar jinya. A madadin shugabarmu, Uwargida Rahelamma Chandy, da limaminmu, Mai Girma Achen Geevarghese, da dukan 'yan zumunta, masu haƙora da mu da namu suka zube, muna miƙa ta'aziyya ga ɗanta tilo, Maigida Pothen Ittoop da ke aiki a Bombay, da matarsa, da 'ya'yansu, da duk wanda ya taɓa cin abinci daga hannunta, wato garin nan gaba ɗaya.

Achen, kamar yadda muke kiran kowane limami, ya ce in taƙaita. Zan gwada, ko da yake shi ma ban taɓa jin ya taƙaita wa'azi ba.

Marigayiya ta yi wa majami'ar nan hidima tun rufinta na ganyen kwakwa ne. Kowace Lahadi, ko ana ruwa kamar da bakin ƙwarya, kwale-kwalenta ne ake fara gani ɗaure a mashigi, ita ce kuma mai tuƙa abinta har ƙarfinta ya ƙare. Ita ta koya wa rabin yaran garin nan addu'ar safe, ita ake kira idan naƙuda ta yi tsanani, ita ke wanke matanmu idan sun rasu. Amma abin da mu maƙwabtanta ba za mu manta ba shi ne yadda take magana da Allah. Ba ta yi masa muryar coci. Na sha jinta ta bayan shinge tana shanya shinkafa tana cewa, "Ubangiji, jiya na gaya maka, yau ma ga ni. Kada ka ɗauka zan gaji." Kamar mai jiran amsa daga ɗakin da ke kusa.

Yaran yanzu ba su san abin da take roƙo ba, don haka Zumunta ta ga ya dace a faɗa.

A shekarar babbar ambaliya, mijinta Ittoop ya ɗauki lodin shinkafa a babban kwale-kwale ya nufi Kochi, ya bar ta da tsohon ciki. Ruwa ya zo ya shafe gonaki da gidaje. Da ya janye, ba a ga Ittoop ba, ba a ga kwale-kwalen ba, ba a ga gawa ba. Bayan wasu watanni Alhamis ɗin Pesaha ta mako mai tsarki ta zo, ranar da kowane gida ke dafa gurasar jibin Ubangiji. Kowa ya sani gidan da aka yi rasuwa a shekarar ba ya hura wutar wannan gurasa, maƙwabta ne ke kai musu, kuma ta'aziyyarmu ba ta cika sai an kai an karɓa. Ni ina amarya a lokacin, surukata ta sa na dafa, na naɗe a ganyen ayaba da ɗan gicciyen ganyen kwakwa a kai, na ɗauka na nufi gidansu.

Tun daga bakin ƙofa na ji ƙamshi. Tata gurasar tana kan wuta, ga madarar kwakwa da mazarƙwaila tana tafasa, ga Pothen jariri a kafaɗarta. Ta dubi abin da ke hannuna ta ce, "Ke Kunjeli, wa ya mutu a gidan nan?" Ta ce, "To koma da ita. Ki gaya wa surukarki maigidan nan tafiya ya yi."

Daga ranar har ta koma ga Mahaliccinta, shekara hamsin da ɗoriya, ba ta yarda an yi wa Ittoop addu'ar matattu ba. Limamai sun zo sun tafi, kowanne ya gwada sa'arsa. Wani saurayin limami da ya matsa mata, ta ce masa, "Achen, ka ga gawarsa? Ni ma ban gani ba. Wanda ya fito daga kabari da ƙafarsa, dawo da mutum daga Kochi ne zai gagare shi?" Bai sake tayar da zancen ba. Duk Pesaha, yankan farko na gurasarta na Ittoop ne, a ajiye a wurin zamansa, ƙofa kuma a buɗe ta wajen kogi.

Wasu sun ce taurin kai ne. Akwai shi, ba mu musa ba. Ni kaina duk shekara sai na leƙa ta shinge na ce, "Yaya, in kawo?" Ita kuma ta ce, "Ki kawo me? Wannan dutsen niƙan da kike kira gurasa? Ai ceton haƙorana na yi da na mayar miki." Mu yi dariya, ta juya ta dubi kogi. Da tsufa ya kama mu, wata rana muna tsintar shinkafa ta ce mini, "Na san ba ta wannan ruwan zai zo ba. Amma Allah bai ce mini ya mutu ba, ni kuwa ba na riga shi magana." Ban iya karatu mai zurfi ba, amma ban taɓa jin bangaskiyar da ta fi wannan ba daga bakin masu digiri.

Kwanaki kaɗan kafin ta cika na je duba ta. Ta riƙe hannuna ta ce, "Kunjeli, bana ki kawo. Guda biyu. Kuma don Allah ki jiƙa shinkafar sosai, yaron nan haƙoransa sun fara girgiɗi." Yaron nan da take faɗi, furfura ta gama cin kansa.

A kan haka ne Zumunta take da roƙo ɗaya ga iyalan marigayiya, kuma a bainar jama'a muke yinsa don kada a ce ba a ji ba. Labari ya iso mana cewa Maigida Pothen ya yanki tikitin jirgin ƙasa, zai kulle gidan ya koma Bombay kafin mako mai tsarki. Mun san aiki ba ya jira. Amma kai Pothen, ni na wanke ka kana tsumma, don haka ka saurare ni: ka bar ƙofar nan a buɗe zuwa Alhamis. Idan ka kulle, zan ajiye gurasar a bakin ƙofa in zauna kusa da ita, duk mai wucewa a kwale-kwale in gaya masa ɗan wane ne ya gudu.

Muna roƙon Allah Uba mai ta'azantar da masu makoki ya ba iyalanta ƙarfin jure wannan rashi, ya ba yayarmu hutawa, ya kuma nuna mata fuskar da ta daɗe tana duban kogi dominta.

Pothen, ɗana, tun kana kafaɗar uwarka garin nan bai taɓa ce maka sannu da rashin uba ba, don ta hana mu, mu kuma muna tsoron bakinta. Yanzu ta ba mu izini. Sannu da rashin mahaifiyarka. Sannu da rashin mahaifinka. Ranar Alhamis kada ka hura wuta, muna nan tafe.

Sa hannu:
Kunjeli Kuruvilla
Kakakin Zumuntar Iyaye Mata
Majami'ar Gicciye, Pallikari