Jar Hular Gardi a Gidan Baba

Tarka, ranar Talata

Zuwa ga ƙanena Abdurrazak, a Arlit.

Assalamu alaikum. Ina fatan takardar nan ta same ka lafiya, kai da iyali, Allah ya ƙara rufa asiri. Mu nan an yi girbi, gero ya yi kyau, ƙafar Kulu ta yi sauƙi. Sai dai Baba, kuma laifina ne.

Masu shirya fim sun zo daga Yamai, za su nuna zamanin aikin dole na Faransa. Shugabansu ya ce mun daɗe muna kallon tarihinmu da idon Nasara. Na yi masa tafi, ka san mushen lekol, malamin makaranta irina, da son magana mai daɗi. Suka nemi mai jin Faransanci ya fito a gardi, wato dogarin kumandan. Wa za a samu in ba yayanka ba? Aka sa mini jar hula, aka ba ni bulala, na yini ina tsawa a gindin rumbuna kamar na gada. Da aka tashi, don burga, na shiga gida da kayan a jikina.

Baba na kan tabarma. Ya dube ni, ya roƙe ni in bar masa ubansa, wai sun riga sun ba da gero. Abdurrazak, shekara tamanin ke nan da masu jar hula suka tafi da kakanmu, bai dawo ba. Na sha koyar da wannan a aji, ban taɓa ganinsa a fuskar mutum ba. Wanda maciji ya sara, ko tsumma ya gani sai ya gudu.

Yau kwana huɗu. Na cire hular, amma shi a kaina yake ganinta. Yana binne zangarniya bayan ɗaki, ya ƙi fura daga hannun kowa, wai duk mutanen gardi ne. Likita ya ce jikin tsoho ba zai jure haka ba. Masu fim kuwa sun ce na fi kowa iya wasa. Wallahi ina tsoro.

Kai ne mai sunan kakanmu, kai Baba ke kira Abba. Ka hau motar farko, ka zo ka ce masa ka dawo, ko zai karɓi ƙwarya. Kada ka sa hula, kowace iri ce.

Ka gaishe da Sakinatu da Attahir. Kulu da Adawiyya na gaishe ku.

Yayanka,
Sahabi