Teku Ba Ta Jiran Babban Baƙo

Zuwa ga Shugaban ƙungiyar ɗalibanmu na nan Kuala Lumpur,

Assalamu alaikum. Ina gaishe ka da jama'arka. Ni ce Maman Amira, matar marigayi Malam Sagir, wanda ya yi karatu a jami'ar da ke titin Jalan Semarak. Ban yi boko mai nisa ba, a yi haƙuri da rubutuna.

Na ga sanarwa a guruf ɗinmu na waya cewa bana ma za a kai iyalai yawon Sallah zuwa tsibirin nan, ta matsattsen mashigin da muka bi bara. Kun ce rasuwar maigidana ƙaddara ce, na kuma yarda. Amma ina cikin jirgin ruwan ranar, ga abin da idona ya gani.

Na ɗaya: tsohon da ke tuƙa jirgin ya yi ta nuna mana ginshiƙan gadar da ake shiga jirgi, yana nuni da hannu cewa ruwa ya fara janyewa, mu tashi. Aka ce ba a tafiya a bar babban baƙo, shi kuwa yana hanya. Muka zauna har bayan la'asar.

Na biyu: babu wanda ya gaya mana ruwan teku yana cika yana janyewa kullum. Mu kogin Haɗeja muka sani. Da muka shiga mashigin, ruwan yana gudu kamar ana zuƙe shi, gefe da gefe taɓo, sai jirgin ya kafe.

Na uku, shi ne ba na iya barci da shi. Maza suka naɗe wando suka dira su tura, yadda ake yi wa mota in ta kafe a yashi a gida. Tsohon yana ihu da Malayanci, ba mai jin sa. Baban Amira ne gaba, don bai taɓa wuce mota a hanya bai sa hannu ba. Taku biyu daga jikin jirgin rami ne. Ya miƙo mini hularsa kafin ya sauka, ita ce kawai ta dawo gida da ni ranar.

Ranka ya daɗe, ba diyya nake nema ba. Kun yi mini ɗawainiya, Allah ya saka. Amira dai har yau ba ta yarda mu bi ta bakin tafkin Titiwangsa.

Roƙona: a nemi mai jin Malayanci ya zauna kusa da direba. A gaya wa kowa tun a gada cewa ba a sauka, ko me ya faru. Lokacin tashi kuma direba ya yanke. In baƙo ya makara ku tafi ku bar shi, zai yi fushi ya huce, matarsa kuma za ta gan shi da daddare.

Wata mai zuwa za mu koma Gumel, Baban Amira yana nan kwance a ƙasar mutane. Ku riƙa ziyartarsa. Allah ya yi maka jagora, ya mai da kowa ga iyalinsa lafiya.

Wassalam,
Maman Amira