Ni Na Ɗura Bilic A Jakuzin, Baba Idi Za A Kora

Assalamu alaikum Anti da masu karatu. Don Allah a sakaya sunana, kuma ku ji ni kafin ku zage ni, zagin da nake yi wa kaina ma ya ishe ni.

Aikatau nake a wani gida a Aziziyya, nan Jidda. Baba Idi, ɗan garinmu mai kula da lambu da ruwan gidan, shi ya samo min aikin. Mahaifiyar maigidan, Sitti muke ce mata, tana fama da gwiwa, shi ne aka sa mata jakuzi, bahon nan mai feso ruwan zafi ta 'yan ramuka. Baba Idi ya ba ni maganin wanke shi da soso mai laushi, ya ce, "'Yata, wannan kaɗai, halas. Kada ki haɗa da komai." Na shinshina, ba wari. Ni kuwa uwata ta raine ni a kan wankin da bai hau hanci ba bai fita ba. Da na ga baƙin datti a bakin ramukan sai na haɗa bilic da ruwan wanke masai na ɗura musu. Idona ya yi ta ruwa, na buɗe taga, na ɗauraye sama-sama. Ina na san akwai bututu a ciki mai riƙe abu?

Da la'asar Sitti ta shiga aka kunna. Tari ya sarƙe ta, numfashi ya gagara, sai asibiti. Maigida ya tara mu yana huci: "Min sawwa kida?" wato wa ya aikata wannan. Na sunkuyar da kai. Baba Idi ya dube ni sau ɗaya, ya ce ƙila shi ne bai wanke bututun ba. Maigida shi ne kafilinsa, wato shi ya tsaya masa a hukuma, ya rantse zai soke iƙamarsa, takardar izinin zama ke nan, mutumin da 'ya'yansa duk a unguwar Waziriyya ta nan Jidda aka haife su, ba su san ko hanyar garinmu ba.

Sitti ta dawo amma tarin bai sake ta ba. Ina jinsa ta bango, kowanne kamar sunana take kira, warin nan kuwa ko a sujada yana hancina. Ni ba ni da iƙama, in na buɗe baki kamawa ce da kora. Kunya da tsoro sun hana ni sakat.

Jiya matar Baba Idi ta zo har kicin ta riƙe hannuna tana kuka, ta ce, "Ke ce Sitti ke jin maganarki, ki roƙa mana ita." Na ce mata to. Jama'a, me zan yi?